Ƙarfe a Cinyar Ɗan Fari

Da ikon Allah muka sauka Alƙahira, babban birnin Masar, ana tsakiyar sanyi, ni da babban ɗana. A gida Abba ake ce masa, domin sunan mahaifina aka sa masa. Ni kuwa ban taɓa kiransa da wannan ba, balle sunan yanka. Ɗan fari ne. Mu Fulanin gida ne na wani ƙauye yamma da Ɗanbatta. Mun saki Fillanci tun zamanin kakanni, amma kunyar ɗan fari ba mu sake ta ba. Ana yaye shi yayana ya ɗauke shi, a hannunsa ya tashi, shi ya yi masa kaciya, shi ya yi masa aure. In mun haɗu a hanya yakan durƙusa ya ce, “Malam, ina kwana,” in amsa ina kallon wani wuri. Haka na ga mahaifina yana yi wa yayana, haka ni ma na yi.

Bai kamata a ce ni ne ɗan rakiyarsa ba. Yayana ya rasu, matar yaron tana da ciki, ƙannensa kuma babu mai fasfo. Ni nake da shi, saboda aikin Hajjin da na yi. Iyakar dalilin ke nan.

Abin da ya kai mu ƙafarsa ce. Babur ya kayar da shi da buhun gyaɗa a hanyar kasuwa, cinyar dama ta karye. Mai ɗorin garinmu ya ɗora, ta kuma kama, sai dai ta kama a karkace, ta gajarce. Magidanci mai shanun huɗa da iyali, ya koma in ya bi garma zuwa ƙarshen gona sai ya zauna ya dafe ƙugu. Damina biyu ƙannensa ke yi masa huɗa, shi yana zaune a gindin gawo yana kallo. A asibitin ƙashi na birni sun ce suna iya gyarawa, amma sai an bi layi. Na kasa haƙuri, na saurari masu cewa komai na waje ya fi. Wannan ne kuskurena na farko, ba kuma shi ne babban ba. Dangi suka haɗa hannu, aka sayar da abin da aka sayar, muka taso.

Wanda ya tare mu a filin jirgi wani Bahaushe ne mai suna Nura. Karatu ya kai shi ƙasar shekaru da yawa da suka wuce, karatun ya tsaya, ya koma tafinta da dillancin marasa lafiya. Ga farar jallabiya, ga carbi a hannu, ga baki kamar zuma. Ya karɓi jakata, ya ce in ɗauka na zo gida, shi ɗana ne. Tun muna gida ya gaya mana a waya masaukinmu a ƙasa yake, kuma daga ƙofa ana hango asibiti. Da muka je sai ga shi can saman wani dogon bene, lif ɗin gidan ya daɗe da mutuwa, asibitin kuma yana wani gefen birnin, sai an tsallaka kogi.

Yaron ya kama ƙarfen matakala yana hawa yana hutawa. Ni ina bayansa da jaka, ina jin numfashinsa, ban miƙa masa hannu ba. Maigadin gidan ne, wani Bamisire baƙi ƙaƙƙarfa, ya hawo ya sa kafaɗa ya kai shi. Ya dube ni sau ɗaya, ya sauka.

Ɗaki ɗaya ne da gado biyu. Na tsaya ina kallon gadajen, shi ma ya tsaya. Tunda uwarsa ta haife shi ba mu taɓa kwana ƙarƙashin rufi ɗaya ba. Na ja katifata zuwa ɗan lungun da ke tsakanin ƙofa da wurin girki, na shimfiɗa a ƙasa. Sanyin simintin yana ratsa katifar har cikin haƙarƙari, amma hankalina ya fi kwanciya a nan.

Birnin ba ya shiru. Ƙahon mota tun asuba, mutane kamar fari, gidaje a kan gidaje. Na yi kwanaki ƙafata ba ta taka ƙasa mai turɓaya ba. Na zaci ɗan Larabcin da na samu a makarantar allo da zauren malaminmu zai amfane ni. In na yi sallama na ƙara da ’yan kalmomin littafi, sai masu shago su yi murmushi su kira junansu su zo su ji, in sun mayar mini da nasu kuwa ko kalma ɗaya ba na kamawa. Abinci gurasa da dafaffen wake, safe da yamma.

Likitan wani dattijo ne mai furfura da kaurin hannu. Ya ɗaga hoton ƙashin a gaban fitila, ya yi magana mai tsawo yana nuni da biro. Nura ya juyo ya ce, “Ya ce aiki ne, za a yi, ba matsala.” Na lura maganar likita doguwa ce, ta Nura gajera. Akwai kuma wata kalma da likitan yake ta maimaitawa, ostiyotomi. Na tambayi Nura ma’anarta, ya ce sunan aikin ne kawai, irin maganarsu ta likitoci, kada in wahalar da kaina. Mutumin da zai sayi ɗan akuya sai ya buɗe bakinsa ya duba haƙori, ni ga shi za a shiga da ɗana tiyata na karɓi “ba matsala” na zauna.

Aka yi aikin. Da aka fito da shi na hango daga bakin ƙofa wani abu ya taso a ƙarƙashin mayafi kamar an kifa akurki a kan cinyarsa. Nura ya ce zobban ƙarfe ne, an soka ƙusoshi ta cikin nama sun riƙe ƙashin. Na ce Allah ya ba da lafiya, na koma kan benci.

Bayan ’yan kwanaki likitan ya shigo da wata ’yar ƙaramar sifana a hannu, ya ce a kira wanda ke tare da marar lafiya. Na shiga. Ma’aikaciyar jinya ta kama mayafin ta yaye shi har ƙugu. Ban san lokacin da na juya ba, sai dai na ga kaina a waje. Nura ya zauna a ciki. Da ya fito sifanar tana aljihunsa.

“Ba komai, Baba,” in ji shi. “Ɗan juyi ne ake yi wa notunan ƙarfen. Ni zan riƙa zuwa safe da yamma. Ai na san kunyar Fulani.”

Na yi masa godiya, na sa masa albarka, har na ji a raina Allah ya haɗa mu da ɗan halak.

Aka sallame mu, maigadi da wani maƙwabci suka hau da shi a kan kujera. Daga nan zamanmu ya ɗauki tsari. In na yi sallar asuba a masallacin unguwa, sai in sayo gurasa da wake in ajiye masa a bakin ɗaki. In ce, “Ya jiki?” Ya ce, “Da sauƙi, Malam.” Sai in sauka, don in ba Nura wuri ya yi aikinsa, don kuma shi yaron ya sake. Ba na dawowa sai da abincin rana, in sake sauka. Yana da sanduna, banɗaki yana kusa da gadonsa. A ganina na yi abin da uba zai yi.

Yawancin wunina a kan bencin maigadi nake yi. Ba ma jin yaren juna. Wata rana ya buɗe wayarsa ya nuna mini hoton wata gona a bakin ruwa, da wata irin baƙar saniya mai faɗin ƙaho. Ya bugi ƙirjinsa, na gane tasa ce, can kudancin ƙasar. Na nuna masa tafin hannuna da kantar fartanya, ya nuna mini nasa, muka yi dariya. Da yamma matarsa ta aiko da kwano a rufe. Na buɗe na ga koriyar miya mai yauƙi, na shinshina, na ɗanɗana. Lalo ne. Su mulukiya suke ce masa, da tafarnuwa suke yi, ba daddawa, amma lalo ne, irin wanda ke fitowa da kansa a bayan dangarmu. Ta haɗo da zoɓo mai zafi a kofi. Na ɗiba kaɗan na ci a kan matakala, na miƙa wa yaron sauran. Ranar ce kwano ya fara fitowa daga ɗakin babu komai a ciki.

A masallacin unguwar na haɗu da Alhaji Modu. Ina neman takalmina bayan la’asar na ji wani yana mita da Hausa, wai mutanen garin nan ko takalmi ba su iya ajiyewa ba. Na ɗaga kai na ga dogon mutum da zanen Barebari a fuska. Na yi masa sallama. Ya dube ni daga sama har ƙasa.

“Waɗannan siraran ƙafafun ko ba a faɗa ba na Fulani ne,” in ji shi. “Bawana, wa ya kwance ka har ka zo Masar?”

Na ce, “Wani bawana mai tsage a fuska ya gudu, shi na biyo. Ga shi Allah ya kama mini shi a ƙofar masallaci.”

Ya yi dariya har da riƙe bango. Mutumin Zakirai ne, kakanninsa suka zo daga Barno suka zauna. Ya yi fataucin dabbobi zuwa Chadi da Sudan, can ya samo Larabcin kasuwa. Matarsa ya kawo aikin ido. Daga ranar kullum muna tare a wurin mai shayi, yana cewa Fulani rowa ta hana su ƙiba, ina cewa Barebari in ba a yi musu zane ba iyayensu ba sa gane su. Ban san na yi kewar zagi irin wannan ba sai da na same shi.

Kullum yakan tambaye ni mai jiki, in ce da sauƙi. Wata rana ya tambaya yaushe rabon likita da ganinsa. Na ce tun sallama, Nura ya ce likitan ya yi tafiya, in ya dawo za a kira mu. Ya ajiye kofinsa. Ya ce shi bai yi boko ba, amma bai taɓa jin likitan da zai soka wa mutum ƙarfe ya yi tafiya bai bar mai dubawa ba. Ya ce in tashi mu je ya gaida ɗan bawansa.

Ya hau benen yana haki yana cewa Fulani da awaki duk ɗaya ne, ba sa zama sai a kan tudu. Ya shiga ɗakin kai tsaye, ya zauna a bakin gado, ya gaisa da yaron, ya kama zanen da ya rufa da shi ya ɗaga. Ni ina bakin ƙofa. Daga nan na ji warin.

Alhaji Modu ya daɗe yana kallo. Sannan ya tambayi yaron wa ke juya notunan. Yaron ya yi magana ƙasa-ƙasa, yana kallon bango. Ya ce Nura ya zo kwanakin farko safe da yamma, daga baya sau ɗaya, daga baya ya ce an kawo masa sababbin marasa lafiya daga gida, ya bar masa sifanar ya ce ya riƙa yi da kansa. Notunan gaba yana iya kaiwa gare su, su yake juyawa. Na bayan cinya hannunsa ba ya kaiwa, ba ya ma ganinsu. Ƙusoshin kuma sun fara ruwa, yana gogewa da bakin zane.

“Abba, me ya hana ka gaya wa ubanka?”

Alhaji Modu ya juyo wurina. Babu wasa a fuskarsa, bai kuma ce mini bawana ba.

“Malam, kai kuma me ya hana ka tambaya?”

Na ce ina tambaya kullum, yana cewa da sauƙi.

“To me kake so ya ce maka?”

Na kira Nura a waya. Ta yi ta ringi ba a ɗauka ba. Da ya ɗauka ya ce yana filin jirgi, yanzun nan zai zo. Ban sake sa shi a ido ba har muka bar ƙasar.

Washegari Alhaji Modu ya samo mota, maigadi ya sauko da yaron, muka tafi asibitin. Likitan bai yi tafiya ko’ina ba. Ya ce su ne ma suke nemanmu, lambar da ke wurinsu ta Nura ce. Aka ɗauki sabon hoto. Ya ɗaga shi a gaban fitila, ya daɗe yana dubawa. Sannan ya ɗauko wani ƙashin roba daga kan tebur ya fara bayani, Alhaji Modu yana mayarwa da Hausa. Wannan karon in likita ya yi doguwar magana, doguwa nake ji.

A nan na san ma’anar kalmar da na bari ta wuce ni. Ya ce daga yaren Girkawa aka samo ta, kalma biyu aka haɗa, ɗaya ƙashi, ɗaya yanka. Ba a kiran karaya da ita, ba a kuma kiran cire ƙafa da ita, wannan sunansa daban. Ana cewa ostiyotomi ne idan likita ya yanka ƙashi da gangan, a wurin da ya auna, don ya gyara masa tsayuwa. Wani akan cire masa ɗan yanki mai kamar bakin gatari a haɗe sauran, wani a buɗe wurin a cike. Ana yi a muƙamuƙi, ana yi a ƙugu da ƙasan gwiwa da babban yatsan ƙafa, ana yi wa yara masu gwame in abin ya yi yawa. Na yaron kuwa, tunda ga karkata ga gajarta, an yanka ƙashin ne aka riƙe gaɓoɓin biyu da ƙarfe, don a riƙa ja a hankali. Duk ɗan abin da aka buɗe, sabon ƙashi yana tsirowa a ciki, da laushi kamar guringuntsi. Muddin ana juyawa kullum yana biyowa. In aka tsaya, sai ya daskare a inda aka bar shi. Yankan, in ji shi, aikin safiya ɗaya ne. Sauran aikin na mai sifana ne.

Ina ji ina tuna yadda muke miƙar da sandar kiwo. A gasa ta a wuta, a danna kaɗan, a sake gasawa, ba a barinta ta huce. Da an gaya mini haka tun farko da na gane. Amma an so a gaya mini, ni na fita daga ɗakin.

Ya nuna mana hoton. Ƙashin ya daskare. Juyin gaba da yaron yake yi shi kaɗai ya ƙara karkatar da shi ta wata fuskar. Abu biyu ne a gabanmu: ko a cire ƙarfen mu koma gida da ƙafar yadda take, ko a kashe ƙwayar cutar da ta shiga ƙusoshin a sake yankawa.

Sai ya nuna ni da biro ya tambayi Alhaji Modu wannan mutumin mene ne a wurin marar lafiya. Da ya ji ubansa ne, sai ya cire tabarau. Ya ce shi ya ɗauka maƙwabci ne ko wanda aka yi haya. Alhaji Modu ya yi masa bayanin al’adarmu, na ji yana ta maimaita kalmar Fulani. Likitan ya saurara har ƙarshe, ya yi ’yar gajeruwar magana.

“Ya ce ba shi da ta cewa a kan al’adarku,” in ji Alhaji Modu. “Amma ba zai sake yankawa ba sai ya ga hannun da zai riƙa juyawa, a gabansa, yanzu. Ni kuma ka sani an kusa sallamar matata, za mu koma gida.”

Yaron ne ya fara magana, kuma ita ce magana mafi tsawo da ya taɓa yi a gabana.

“Malam, mu koma gida. Ƙafar da nake da ita ta ishe ni. An ɗora muku wahala da yawa, ga damina na matsowa. Su Sani za su ci gaba da yi mini huɗar.”

Sani ƙanensa ne. Na san ba ƙafar ce ta ishe shi ba. Ni yake so ya raba da sifanar, ko da zai ƙare rayuwarsa a gindin gawo. Irin tarbiyyar da aka ba shi ke nan, ya kuma riƙe ta fiye da yadda na zata.

Na ce wa Alhaji Modu, “Ce wa likita ya kawo sifanar.”

Na durƙusa a gaban gadon, na ɗaga zanen da hannuna. Cinyar ta rame, ƙusoshin sun shiga ta ko’ina, bakin wasu ya yi ja yana ruwa. A gefen gwiwa akwai wani tsohon tabon ƙuna mai faɗin tafin hannu, irin na yarinta. Ban san yaushe ya same shi ba, ban san a wace wuta ba. Likitan ya kama hannuna ya ɗora a kan noti na farko, ya nuna mini alamar da ke jikinsa, da inda za ta tsaya. Rubu’in juyi ne kawai. Ya sa na zagaya na kwanta kusan rigingine na nemo na baya. Ya sa na wanke bakin kowace ƙusa da auduga da magani. Yaron ya rufe fuskarsa da hula. Da na gama likitan ya gyaɗa kai ya sa tabaransa.

Aka yi maganin ruwan har ya bushe, aka sake shiga da shi tiyata. Alhaji Modu ya samo mana ɗaki a ƙasa kusa da asibitin ta hannun wani ɗan kasuwa da ya sani. Da za mu bar tsohon gidan matar maigadi ta ƙulla mana busasshen zoɓo a leda, mijin ya rungume ni yana ta magana, ina amsawa da amin.

A sabon ɗakin ban fitar da katifata ba, don juyin sau huɗu ne a rana. Na ɗaura shi da huɗu daga cikin lokutan salla don kada in manta. In na sallame sai in wanke hannu da sabulu, in durƙusa, in ɗaga zanen. Kwanakin farko shi yana kallon bango, ni ina kallon noti. Wata rana na miƙe zan mayar da sifanar sai ya ce, “Malam, kun tsallake ɗaya a baya.” Na koma na duba, gaskiyarsa ce. Bayan nan, da naman ya fara miƙewa, na ga yana cije leɓe. Na ce, “Da zafi?” Ya ce, “Da zafi.” Na gaya wa likita, aka canja masa magani.

Alhaji Modu ya tafi da matarsa ana shiga zafi. Ya kawo mini ragowar kukarsu da daddawa, ya ce in ci in yi ƙiba kada a ce ubangijina ya bar ni da yunwa a ƙasar mutane. Na ce ya gaida Zakirai, in na dawo zan zo karɓar harajina. Da motarsu ta ɓace na ji birnin ya ƙara girma.

Ruwa ya sauka a gida muna can. Uwar yaran ta kira ta ce an yi shuka, gero ya fito da kyau, gyaɗa ce dai iri ya yi ƙaranci. Ba ta tambayi ɗanta ba, ita kunyarta ta fi tawa. Ta ce dai, “Ya mutanen wurin naku?” Na ce suna samun sauƙi, ƙashin yana biyowa. Na ji ta yi hamdala a hankali. Matar yaron ta haihu, aka yi suna ba mu nan. A Alƙahira ko ɗigo ba a yi ba, zafi kawai. Nakan tsaya a taga da yamma in dubi gabas, in lissafta a raina yau ana noman farko, yau ana maimai, yau dawa ta kai ƙugu. Tunda na yi wayo ban taɓa rasa damina ba sai wannan.

Duk mako ana ɗaukar hoto. A tsakanin gaɓoɓin biyu wani abu kamar hayaƙi yana bayyana, yana ƙara fari. Ranar da likitan ya auna ƙafafun biyu ya ce a daina juyi, na miƙa masa sifanar, ya ce in riƙe. Na bar ta a kan teburinsa. Aka jira sabon ƙashin ya yi ƙwari, aka cire zobban, yaron ya koyi tafiya a barandar asibiti. Muka dawo gida an riga an kai amfanin gona rumbu.

Ƙafar ta miƙe, tsawonta ya dawo, sai ɗan abin da ba a rasa ba. Da damina ta zagayo shi ya yi huɗarsa da shanunsa, har ya yi wa wasu. Amma gwiwar ba ta lanƙwashewa duka. Likitan ya gaya mana tun a can, ya ce ƙarfen ya daɗe a cinyar fiye da yadda aka tsara, naman ya ƙage, wataƙila ya saki, wataƙila a’a. Bai saki ba. Na san watannin da suka jawo haka, na kuma san a kan bencin da na yi su.

Saboda gwiwar, a masallaci yana tsayawa ne a ƙarshen sahu ta dama, inda in an zauna tahiya zai miƙe ƙafar ba tare da ya tokare kowa ba. Wurin kusa da ƙofa yake, masu makara suna shigowa da gaggawa, sau biyu ana taka shi. Ni shekara da shekaru wurina bayan liman ne. Sai na koma can, ina tsayawa tsakaninsa da ƙofar, kafaɗata tana taɓa tasa. Mutane sun yi ta magana a gari, wai Malam ya je Masar ya baro kunya. Wata Juma’a bayan an watse liman ya tsayar da ni, ya tambaya ko wani ya ɓata mini ne a sahun gaba. Na ce babu. Na ce can iska ta fi shigowa.